Hasken rana da ƙwan UV: yadda nake gyara ruwan sha a gona, da inda dabarar take tsayawa



Yau ba maganar tsadar abinci ko farashin kiret za mu yi ba. Maganar ruwa ce. Rubutun yana da ɗan tsawo, a yi haƙuri a bi shi har ƙarshe, musamman waɗanda gonarsu take bayan gari, inda babu famfo babu wuta, sai rijiya ko ruwan 'yan garuwa.

Bari in fara da abin da ya same ni. Gonar da nake kiwo tana gefen fadama, tafiyar kamar minti 40 a babur daga gida. Rijiya muke da ita buɗaɗɗiya, da guga ake ja. Ni duk ranar da zan je nakan riƙe ruwan leda. Yaron da ke kula min da kajin kuwa can yake kwana, kuma tsakanina da Allah ban taɓa tsayawa na tambaye shi ruwan da yake sha ba. Farkon daminar bara aka sheƙa ruwan farko, ya wanko duk abin da ke ƙasa. Jujin da muke tara kashin kaji bai fi taku 20 daga bakin rijiyar ba. Bayan kwana uku aka kira ni da asuba, wai yaro yana ta amai da gudawa, ko tsayuwa ba ya iya yi. Sai da ya sha leda huɗu ta ƙarin ruwa kafin ya dawo hayyacinsa. A wannan satin dai 'yan tsakin buroila 200 da na zuba suka fara zawo, gindinsu duk ya manne, na yi ta tsintar gawa har 23.

Abin da kowa ke yi na yi: na ɗora wa kamfanin da ya ƙyanƙyashe su laifi, na ɗora wa mai abinci. Da na kai wa wani dattijon likitan dabbobi gawarwakin, ya buɗe biyu, ya dube ni ya ce, "Ɗana, wane ruwa suke sha?" Na ce, "Dakta, na rijiya ne, amma garau yake." Ya ce, "Da ido ka auna?" Na yi shiru.

Tun daga nan na koma karatun ruwa. Tafasawa ita ce hanyar da babu gardama a kanta, amma ku ma kun san kuɗin gawayi da gas yanzu, kuma yaron da aka bari shi kaɗai da kaji ba zai hura wuta kullum don ruwan sha ba. Ko ya ce maka zai yi, ba zai yi ba. Shi ya sa na tsaya a kan haske.

To mene ne wannan UV ɗin?

Hasken da ke fitowa daga rana ba duka ido ke gani ba. Idan ka kalli bakan gizo, launin da ke can ƙarshe shi ne mai kama da shuni. Gaba da shi akwai wani hasken da ido ba ya kamawa, shi ake kira altarabayolet, a taƙaice UV. Masana sun kasa shi uku: A da B da C. Nau'in C shi ne mafi kaifi wajen kashe ƙwayoyin cuta, amma na rana ba ya isowa ƙasa, akwai wani rufin iska a sama mai suna ozon da ke tare shi. Rahama ce wannan, da yana saukowa da fatarmu da idanunmu sun shiga uku. Wanda ke iso mu da yawa shi ne nau'in A, sai ɗan B kaɗan. Ke nan hanya biyu ce: ko ka yi amfani da na rana, wanda kyauta ne amma yana da nawa, ko ka sayi ƙwan fitila da aka ƙera ya riƙa fitar da nau'in C, wanda ke gama aiki cikin daƙiƙu amma yana son wuta da kulawa.

Ba sabon abu ba ne. Tun 1877 wasu Turawan Ingila biyu, Downes da Blunt, suka nuna cewa hasken rana yana hana ƙwayoyin cuta hayayyafa. A 1910 birnin Marseille na Faransa ya gwada tsaftace ruwan famfo da fitilar UV. Ita kuwa dabarar shanya ruwa a gora, wani farfesa mai suna Aftim Acra na Jami'ar Amurka da ke Beirut a Labanon ne ya fito da ita a farkon shekarun 1980, daga baya cibiyar binciken ruwa ta Eawag a Suwizalan ta ɗauka ta yi ta gwaji a shekarun 1990, ta fitar da ƙa'idojin da ake bi yau. Sunan da aka san ta da shi a duniya SODIS, kuma Hukumar Lafiya ta Duniya tana lissafa ta cikin hanyoyin gyara ruwan sha a gida.

Yadda hasken ke kisa kuwa, kowace ƙwayar cuta tana ɗauke da wani siririn zare a cikinta, wanda a kansa aka rubuta yadda za ta hayayyafa, shi ne DNA ko RNA. Nau'in C yana ƙulle wannan zaren ne ya cukurkuɗe shi. Ƙwayar tana nan cikin ruwan, ba a cire ta ba, amma ba za ta iya haihuwa ba, kuma ƙwayar da ba ta hayayyafa a ciki ba ta kwantar da mutum ko kaza. Na rana kuma, wato nau'in A, yana haɗuwa da iskar oksijin da ke narke a ruwan ya mayar da ita mai ƙuna ga ƙwayoyin, sannan zafin rana ya taimaka masa. Su biyun idan suka haɗu sun fi kowannensu shi kaɗai ƙarfi nesa ba kusa ba.

A riƙe wannan, don duk sauran bayanin a kansa ya rataya: haske ne, ba magani ba ne. Inda ya taɓa ya yi aiki. Inda aka yi masa inuwa bai yi komai ba. Kuma da zarar an ɗauke ruwan daga gabansa, aikinsa ya ƙare, ba ya bin ruwan ya ci gaba da gadinsa.

Mu fara da ta rana, don ita ce kowa zai iya farawa gobe ba tare da ya kashe ko sisi ba.

Gorar roba ake nema, fara tas mai garai-garai, irin ta ruwan kamfani ko ta lemo, wadda ba ta wuce lita 2 ba. Juya ƙasanta, za ka ga alamar kusurwa uku da lamba 1 a ciki, ko an rubuta PET. Ita ce daidai. Koriya ko ruwan ƙasa irin ta maltina ba ta yi, launin yana shanye hasken. Jarka rawaya ba ta yi. Bokiti ba ya yi. Dalilin da ya sa aka ce kada ta wuce lita 2 shi ne hasken yana raguwa yayin da yake nutsawa cikin ruwa, idan kaurin ruwan ya wuce kamar santimita 10 na ƙasan ba ya samun rabonsa. A ɓare takardar da ke jikin gorar, a wanke ta da sabulu har murfin.

Sai ka zuba ruwa ya kai kashi uku cikin huɗu, ka rufe, ka girgiza da ƙarfi kamar daƙiƙa 20 don iska ta shiga ruwan, sannan ka cika ta ka rufe gam. A kwance ake ajiye ta, ba a tsaye ba, kuma wuri mafi kyau shi ne saman kwano, ta kwanta cikin kwarin kwanon yadda ba za ta gangaro ba. Kwanon yana mayar da haske yana kuma ƙara zafi. Ba a bayan gilashin taga ba, ba a ƙarƙashin bishiyar da inuwarta za ta zagayo da azahar ba. Ni sai da na zauna yini guda na ga inda inuwar darbejiyarmu ke faɗawa kafin na zaɓi gefen rufin.

Lokaci: awa 6 cur idan rana ta buɗe ko gajimare bai rufe fiye da rabin sama ba. Idan hadari ya rufe fiye da rabi, kwana biyu a jere. Ranar da aka wuni ana ruwa, a manta da ita, a tari ruwan sama ko a tafasa. Mu nan akwai abin da ya fi gajimare damunmu, wato hazon hunturu. Ranar da ka kalli rana da idonka ba ta kashe maka ido ba, ta zama kamar farin faranti, ni kwana biyu nake ba wa gorunan, ban yarda da awa shida ba. A bazara kuwa, watan Maris zuwa Mayu, abin ya fi sauƙi. Ƙa'idar ta ce idan ruwan ya haura digiri 50 na zafi awa ɗaya ma ta isa, amma wa ke hawa rufi da ma'aunin zafi? A bar shi ya cika shidansa. Mu da ke Kano, Katsina, Sakkwato, Maraɗi da Damagaram, rana ba ita ce matsalarmu ba. A ɗora da ƙarfe 8 na safe, a sauke bayan la'asar, an wuce ƙa'ida.

Yanzu ga inda mafi yawan mutane ke faɗuwa: ruwa mai gurɓata. Duk ƙwayar laka ɗaya da ke yawo a ruwa laima ce ga ƙwayoyin cuta. Suna maƙalewa a jikinta, haske ya zo ya wuce. Masu bincike suna da ma'auni, sun ce duhun ruwan kada ya kai 30 a sikelinsu, amma akwai gwajin da ba ya buƙatar na'ura. Cika gorar, ka tsayar da ita a kan babban kanun jarida, ka leƙa ta baki har ƙasa. Idan kana iya karanta haruffan, bismillah. Idan ba ka iya ba, ruwan bai shirya hawa rufi ba.

Gyaransa ba wuya. A bar shi ya kwana a bokiti ya kwanta, a tsiyaye na sama a hankali, a tace da farin ƙyalle mai tsafta da aka ninka. Idan jan ruwa ne irin na damina wanda ba ya kwanciya, alif yana yi, wanda wasu ke kira alam, ɗan kaɗan ba da yawa ba. 'Ya'yan zogale ma suna yi, kuma su na fi so don a bakin gonar suke: a ɓare busassu, a daka farin cikin ya yi laushi, kamar ƙwaya ɗaya ga lita ɗaya, a dama a zuba, a juya da sauri sannan a hankali, a bar shi awa ɗaya zuwa biyu. Za ka ga dattin ya dunƙule ya sauka ƙasa. Sai dai ruwan zogale ba a ajiye shi, a ranar za a tace a ɗora a rana, don ragowar garin abinci ne ga ƙwayoyin cuta. Kuma kada wani ya ga ruwa ya yi fari bayan alif ya ce shi ke nan. Kuskurena ke nan da rijiya.

Idan an sauke, a bar ruwan cikin gorarsa. Wannan ita ce falalar dabarar: mazubin da aka gyara ruwan a ciki shi ne ma'ajiyarsa, hannu bai taɓa ba, moɗa ba ta shiga ba. Da ka juye shi a randar da kowa ke tsoma kofi, ka koma gidan jiya. A sha daga bakin gorar ko a tsiyaya a kofi mai tsafta, a shanye cikin kwana ɗaya zuwa biyu. Da zafinsa yake saukowa, don haka mukan jera su a ɗaki su kwana, ko a naɗe su da jiƙaƙƙen tsumma a ajiye inda iska ke kaɗawa.

Na san wani zai ce, "Malam, ba an ce roba idan ta sha rana tana sa kansa ba?" Tambaya ce mai kyau. An auna wannan a Suwizalan da wasu wurare, abin da ke fita daga gorar PET zuwa ruwa bayan shanya ya yi ƙasa sosai da iyakar da Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa. Ni dai a ganina, tsakanin wannan da kwalara ko taifot babu abin tsayawa tunani. Amma gorar da ta kakkarce ko ta yi fari-fari ta dushe a canza ta, don ita kanta ta fara tare haske. Kuma kada a tsinto wadda aka taɓa zuba fetur, maganin feshi ko maganin ƙwari a ciki, ko an wanke ta sau goma.

To ina kaji suka shigo?

A nan sai mun yi lissafi, don kada in sayar muku da abin da ba zai yiwu ba. Kaza tana shan ruwa kusan ninki biyu na nauyin abincin da take ci, lokacin zafi ya fi haka. Mai ƙwai ɗaya tana shan kamar rubu'in lita a rana. Idan kana da 500, lita 125 ke nan, wato gora mai lita ɗaya da rabi sama da 80 kullum, ga wasu 80 ɗin a kan rufi suna jiran gobe. Wannan ba kiwo ba ne, wahala ce. Babban garke maganinsa kulorin a tanki, ko ƙwan UV a kan bututu, wanda zan zo kansa.

Wuri uku ne na ga shanya ruwa ta biya ni.

Na farko mutanen gona. Gora 6 a sama, 6 a ƙasa, ana juyawa. Yaron nan da farko dariya ya yi, ya ce, "Oga, yanzu ruwa ma sai an shanya shi kamar kuɓewa?" Amma wanda ya sha ƙarin ruwa leda huɗu ba ya buƙatar dogon wa'azi. Yanzu shi yake tuna min idan gora ta tsufa.

Na biyu 'yan tsaki a satin farko. Ɗari ɗaya ba sa wuce 'yan litoci a rana a wannan lokacin, gora uku zuwa huɗu ta ishe su, kuma a lokacin ne cikinsu bai yi ƙwari ba, abu kaɗan ke kayar da su. Sharaɗi: ruwan ya huce sosai. Kaza ba ta son ruwan ɗumi, za ta ƙi sha, idan ta ƙi sha kuma ta ƙi ci. Sannan idan za a sa bitamin ko maganin rigakafin cuta, bayan an sauke ruwan ake sawa, ba kafin a ɗora ba. Rana tana lalata wasu bitamin da magunguna irin su oksitetrasaikilin.

Na uku shi ne wanda na fi so ku kula da shi: ruwan rigakafi. Lasota da Gumboro da muke ba wa a ruwa, ƙwayoyin cuta ne masu rai da aka raunana. Kulorin ba ya bambance ƙwayar kirki da ta banza, duka yake kashewa. Mutum zai sayi rigakafi mai kyau, ya riƙo shi a ƙanƙara tun daga shago, ya zo ya zuba a ruwan da ya sa wa kulorin, bayan sati biyu Gumboro ta shigo ya ce an sayar masa da jabu. Shi ya sa ake cewa a dakatar da kulorin kamar kwana biyu kafin rigakafi. To amma a kwanakin nan wane ruwa za a yi amfani da shi, ɗanyen na rijiya? Nan ruwan da aka shanya ya yi rana, don tsaftatacce ne kuma babu wani sinadari da ya rage a ciki. Abin da ya zama rauninsa a wani wuri, nan shi ne ƙarfinsa. A shanya tun jiya, ya kwana ya yi sanyi, da sassafe a haɗa a mazubin roba ba na ƙarfe ba, a sa garin madara marar mai kamar giram 2 a kowace lita, a ba kajin da aka ɗan ƙishirtar, su shanye cikin awa ɗaya zuwa biyu. Amma don Allah a fahimce ni: ruwan ake shanyawa, ba rigakafin ba. Da zarar rigakafi ya shiga ruwa, ko mazubin kada rana ta taɓa. Hasken da ya kashe ƙwayoyin rijiya zai kashe na kwalbar ma.

Yanzu ƙwan UV, ga masu ɗan hali da masu ƙyanƙyasar kifi.

Wanda aka fi samu bututun ƙarfe ne mai sheƙi, a cikinsa akwai dogon ƙwai da ke fitar da haske a ma'aunin nanomita 254, an sa shi cikin wani kube na gilashi na musamman da ake kira kwatz, don gilashin yau da kullum yana tare nau'in C. Ruwa yana shiga ta gefe ɗaya ya zagaya ƙwan ya fita ta ɗayan. Ƙananan ba sa cin wuta sosai, ƙaramar sola da batir tana riƙe su. Akwai kuma na aljihu mai kama da alƙalami, irin su SteriPEN, wanda matafiya daji a ƙasashen waje ke tsomawa a kofi suna juyawa, lita ɗaya cikin daƙiƙa 90. Yana da kyau ga mutum ɗaya a tafiya, amma ba kayan gona ba ne.

Wani abin da ƙwan ya fi kulorin: akwai wata ƙwayar zawo mai suna kiriftosforidiyom da kulorin ba ya iya mata. A 1993 ta shiga ruwan famfon birnin Milwaukee a Amurka ta kwantar da mutum sama da 400,000. Nau'in C yana gamawa da ita cikin sauƙi. A ɗaya gefen kuma, dangin ƙwayar adenobairos suna da taurin kai a gaban UV, suna buƙatar haske mai yawa fiye da sauran. Kowane makami da inda yake ci.

Matsalar ƙwan ita ce yana iya daina aiki ba ka sani ba. Kowane an rubuta masa lita nawa zai iya ɗauka a minti. Idan ka haɗa shi da famfon da ya fi ƙarfinsa, ruwan zai wuce da gudu bai sha hasken da ya isa ba. Idan wuta ta ɗauke, ruwa yana ci gaba da wucewa ɗanye. Idan ruwan bohol ɗinka mai ƙarfe ne, irin wanda ke sa tanki ja, ko mai gishiri-gishirin da ke barin farin dafi a buta, kuben zai yi tsatsa ko ya yi fari, hasken ya kasa fita, sai an riƙa zarewa ana gogewa. Dole kuma a sa matata a gabansa, mai lamba 5 ita aka saba sawa. Sannan ƙwan yana tsufa: kusan awa 9,000, wato shekara guda idan yana kunne dare da rana. Shuɗin hasken da kake gani ba shi ne UV ɗin ba, zai ci gaba da haskawa bayan ƙarfin kisan ya ragu. Rubuta ranar da ka sa shi a jikin bango da gawayi ko fenti.

Gargaɗi biyu. Kada ka kunna ƙwan a waje don ka ga ko yana yi. Ciwon idon da masu walda ke kwana da shi, kamar an zuba yashi, shi za ka samu, har fata yana ƙonawa. Sannan 'yar tocilan mai shuɗin haske da ake duba kuɗi da ita ba ta gyara ruwa, ko mai shago ya rantse. An taɓa kawo min irinta a kwali mai hoton ɗigon ruwa, na mayar.

Masu kifi, ku naku a ɗakin ƙyanƙyasa yake. Ƙwan tarwaɗa da 'ya'yan da ba su wuce sati biyu ba, ruwan da ke shigar musu idan ya bi ta matata ya bi ta UV, ana rage musu nauyin ƙwayoyin cuta da funfuna sosai, musamman ga masu juya ruwa ɗaya yana zagayawa. A bayan matata ake sa shi, ba a gaba ba. Idan ana ba da magani a ruwan, a kashe shi har a gama. Amma wanda zai sa ƙwan UV a kandamin ƙasa ko tankin manyan tarwaɗa da ruwansa ya yi kore shar ko baƙi, kuɗinsa kawai ya zubar, hasken ba zai shiga ko tsawon yatsa ba. Kuma kifin da ya riga ya kamu, ko cutar da ke manne a jikinsa, haske a bututu ba ya warkar da shi. Can canjin ruwa da rage cunkoso ne magani.

Abin da haske ba ya taɓawa ko kaɗan, na rana ne ko na ƙwai, shi ne guba. Maganin feshi da ya gangaro daga gonar shinkafa, takin zamani, gishiri, dalma. Mun ga abin da dalma ta yi a ƙauyukan Zamfara a 2010, yara sama da 400 suka rasu. Irin wannan ko shekara ruwa ya yi a rana yana nan yadda yake, tafasawa ma ba ta cire shi. Wanda rijiyarsa ke kusa da wurin haƙar ma'adinai, marina ko magudanar masana'anta, ya kai ruwan a auna, kada ya dogara da gora.

Haka nan ruwa mai tsafta a mazubi mai datti aikin banza ne. Sa yatsa ka shafa cikin mazubin kajinka. Wannan santsin da ka ji, gidan ƙwayoyin cuta ne, kuma tunda ruwan UV ba shi da mai gadi, cikin 'yan awoyi za su cika shi. Kullum a wanke da soso da sabulu, a kife a rana ya bushe. Kashin jini kuma daga jiƙaƙƙiyar shimfiɗa yake zuwa, ba gyaran ruwa ne zai hana shi ba.

Mu dai a gonar, abin da muka fara yi kafin ma gora ta hau rufi shi ne kwashe jujin nan zuwa can ƙasan gangare, muka ɗaga bakin rijiyar da bulo uku, muka yi mata murfi, guga kuma ta daina kwana a ƙasa, an kafa mata ƙusa. Zubin da ya biyo baya, 200 na sa, 4 na rasa har aka sayar. Ba zan ce duk aikin rana ba ne, abubuwa da yawa muka canza lokaci guda. Tankin manyan kaji har yanzu kulorin nake sa masa, ƙwan UV kuma sai na gama haɗa ɗakin ƙyanƙyasa in Allah ya yarda.

Wanda zai gwada, ya fara da gwajin jarida gobe da safe da ruwan da kajinsa ke sha yanzu. Idan ba jarida, kwalin magani mai manyan haruffa ma ya yi. Allah ya sa albarka a kiwo.